Karayar Wuyan Hannu: Magani, Tiyata da Matsalolin da Ke Biyo Baya

Wannan bayani mun tanade shi ne domin al'ummar Toranke da sauran garuruwan ƙananan hukumomin Ajingi da Gaya, musamman dagatai, masu unguwanni da ma'aikatan lafiya.

Ƙasusuwa biyu ne suka taso daga gwiwar hannu suka haɗu da ƙananan ƙasusuwa 8 a wuyan hannu. Wanda ke ɓangaren babban yatsa shi ya fi yawan karyewa, idan mutum ya faɗi ya dafa ƙasa da tafin hannu, kamar a haɗarin babur ko faɗowa daga bishiya.

Hoton ƙashi ne kaɗai ke bambance karaya da targaɗe. Idan ƙashin bai goce ba, ko kuwa an iya mayar da shi gurbinsa, akan sa ɗaurin siminti na kimanin mako 6. Tiyata kan zama dole idan ƙashin ya dagargaje, ko karayar ta shiga cikin gaɓa, ko ƙashin ya huda fata. A nan likita kan riƙe ƙashin da wayoyin ƙarfe, ko farantin ƙarfe da ƙusoshi, ko kuma ƙarfen da ake kafawa daga waje. Asibitin Ƙashi na Dala da ke Kano, wanda aka buɗe a shekarar 1959, yana gudanar da waɗannan ayyuka.

Matsalolin da kan biyo bayan karaya sun haɗa da haɗewar ƙashi a karkace, ƙin haɗewa, sandarewar yatsu da matsewar jijiya. Bayan tiyata kuma rauni na iya yin ruwa, shi ya sa ake son kiyaye ranakun wanki da na gashi.

Mafi muni shi ne ɗauri mai tsanani a kan hannun da ke kumbura, na mai ɗori ne ko na asibiti. Yakan tsayar da gudun jini, nama ya fara mutuwa cikin 'yan sa'o'i, har ta kai ga yanke hannun. Alamominsa su ne ciwo mai ƙaruwa, da yatsu su yi sanyi, su canja launi ko su daina ji.

Saboda haka muna kira ga shugabannin al'umma da su tabbatar an sassauta irin wannan ɗauri nan take, a kuma garzaya da majinyaci Babban Asibitin Gaya ko asibiti mafi kusa, ko da tsakar dare ne. Kada a jira gari ya waye.