Daga Dandalin Ƙetare Zuwa Fagen Kantu: Yadda Kokawa Ta Sami Takobi

A ƙasar Ƙetare, kamar sauran garuruwan kudancin Katsina, kokawa ba ta taɓa samun rana a kalanda ba. Lokacinta kaka. In an girbe gero, dawa ta nuna, dammuna sun shiga rumbu, sai samari su sami sukuni, makaɗi ya saɓo gangarsa, a share fage a bakin gari ko a gefen kasuwa. Wannan ƙauye ya aika wa wancan goron gayyata, su kuma su zo da gwanayensu, kowa da warkinsa da kambunsa a damtse. Babu tikiti, babu usur. Dattawan da suka yi ta a ƙuruciyarsu su ne ke raba gardama in kaye ya zo da ruɗani. Wanda ya kayar ya sha kirari, ya kwashi liƙi, 'yan mata su yi masa guɗa, wani ma daga nan ake fara maganar aurensa.

Sai dai ba a rubuta komai ba. Tambayi dattijo a Ƙanƙara wa ya gagara a zamaninsa, nan take zai ba ka suna. Na Faskari zai ba ka wani, na Sabuwa wani daban, kuma duk gaskiya suka faɗa, domin ba a taɓa tara gwanayen nan a fage ɗaya an tantance ba. Ɗan kokawa in ya tsufa, labarinsa na bakin tsararsa, su ma in sun tafi sai ya bi su.

A tsallaken iyaka, a Nijar, abin ya ɗauki wata hanya, alhali mutanen ɗaya ne. Bayan masu jihadi sun ci Birnin Katsina wajen 1807, sarakunan Haɓe suka yi arewa, Ɗan Kasawa ya kafa zamansa a Maraɗi wajen 1819, shi ya sa har gobe mai sarautar garin Sarkin Katsina ake ce masa. Kokawar da ake yi a karkarar Maraɗi ita ce dai ta Katsina, kiɗa ɗaya, kirari ɗaya. Abin da ya raba su ya zo ne daga Yamai. A watan Afrilun 1974 Laftanar Kanar Saini Kunce ya hamɓarar da Diori Hamani, ƙasar tana fama da fari da yunwa. Sabuwar gwamnatin soja tana neman abin da zai ɗinke Bahaushe da Bazabarme da Buzu da Bafulatani da Babarbare, sai ta farfaɗo da tsarin samariya a unguwanni da ƙauyuka, ta kuma ɗauko wasan da kusan kowace ƙabila ta sani ta mai da shi na ƙasa. A 1975 aka yi gasar farko a Tawa. Ɗan Maraɗi ne ya lashe ta, Yakuba Kantu, kuma abin da aka miƙa masa takobi ne.

Ba na shakkar cewa siyasa ce ta haifi abin. Mulkin da ya hana jam'iyyu yana buƙatar wurin da jama'a za su yi ihu ba tare da an zagi kowa a gidan gwamnati ba. Amma Kunce ya rasu tun 1987, gwamnatoci na soja da na farar hula sun zo sun wuce, gasar tana nan, ko da yake akwai shekarun da ba a yi ta ba. Dalilin ɗorewarta shi ne an ba ta abubuwan da dandalin ƙauye bai da su. An ba ta lokaci, wanda a 'yan shekarun nan ya tsaya a ƙarshen Disamba. An ba ta karɓa-karɓa, kowace jiha da nata zagayen. An gina mata fage na dindindin a manyan garuruwa, aka kuma raɗa wa fagagen sunayen 'yan kokawa maimakon na ministoci: na Maraɗi na Kantu ne, na Dosso na Salma Ɗan Rani, na Damagaram na Langa-Langa. Yaron da aka haifa bayan waɗannan mutane sun bar fage ya san sunansu, domin kullum yana wucewa ta ƙofar da ke ɗauke da shi.

Baƙon da ya taso daga Katsina ya bi ta Jibiya da Ɗan Isa, tafiyar kusan kilomita 100, ya sauka Maraɗi a shekarar da ita ce mai masauki, zai tarar da gari ya cika ya batse. Jihohi 8 ne yanzu, kowace da 'yan kokawa 10, wato 80 ke nan, kowace tawaga da makaɗanta da malamanta da masu ɗauke mata kayan tsari. Ana kwashe kwanaki jihohi na karawa da juna safe da yamma, duk wanda aka kayar ya fita daga neman takobi ko da zai ci gaba da yi wa jiharsa kokawa. Kullum adadin waɗanda ba a kayar ba raguwa yake, kuma wannan lissafin ne hirar masu shayi da 'yan kabu-kabu har a kai ranar ƙarshe. Ba a raba su aji-aji bisa nauyi. Siririn ɗan Agadas na iya faɗawa hannun ƙaton Dosso, in ya iya taɗiya kuma ya sha da shi.

Kafin a kama, ana ɗan jima. Ɗan kokawa zai fito da layu har ba a ganin ƙirjinsa, ya zaga, ya yi kirari, ya durƙusa ya shafi yashi, ya watsa ruwan rubutu, sannan a tuɓe masa kayan a bar shi da warki. Tsakanin karawa da karawa 'yan cali-cali na kwaikwayon waɗanda suka faɗi, jama'a na dariya. Wani kamun ba ya wuce daƙiƙa biyar. Wani kuwa sai a yi ta zagaye ana marin hannu har alƙali ya fara gargaɗi. Gidan rediyo da talabijin na ƙasa suna watsa komai kai tsaye, da Hausa da Zabarmanci da Faransanci, kuma muryar tana tsallako iyaka ba tare da fasfo ba. Ta haka ne sunaye irin su Kadade da Bala Haruna da Bindigau da Laminu Mai Daba suka shiga majalisun hira a wannan ɓangaren. Wanda ya fi kowa tara takubba shi ne Kadri Abdu na Dosso, wanda aka fi sani da Isaka Isaka: sau 6.

Akwai wata ƙasa da ta riga Nijar bin wannan hanya da ƙarni biyu ko uku, ita ce Japan. Kokawarsu ta sumo ta samo asali ne daga bukukuwan roƙon albarkar shinkafa a wuraren bauta, ta shiga fadar sarki, daga bisani a zamanin Edo aka riƙa shirya ta ana karɓar kuɗin kallo don gina wuraren ibada da gadoji. Daga nan ta zama sana'a. Fiye da shekara 250 ke nan ana buga takardar jerin 'yan wasa bisa matsayi kafin kowace gasa, saboda haka ana iya bin diddigin wanda ya kayar da wane tun kaka da kakanni. An gina mata babban zaure a Tokiyo a 1909, wanda ake amfani da shi yanzu a unguwar Riyogoku kuma an buɗe shi a 1985. Tun 1958 gasa 6 ake yi a shekara, kowace kwana 15: Tokiyo a Janairu da Mayu da Satumba, Osaka a Maris, Nagoya a Yuli, Fukuwoka a Nuwamba.

Wannan tsayayyen jadawali shi ne ya ba kamfanonin yawon buɗe ido damar sayar wa baƙo kujera watanni kafin ya hau jirgi, su haɗa shi da ɗan jagora mai yi masa bayani. Abin da ɗan jagoran zai bayyana kuwa ba baƙo ba ne ga wanda ya taɓa zama a fagen Kantu. Da'ira ce mai faɗin mita 4.55 a kan dandamalin yumɓu. 'Yan wasa na watsa gishiri don tsarkake wurin, su buga ƙafa, su tsuguna su harari juna, su koma, su sake dawowa, sannan a gama kamun cikin ƙiftawar ido. A can ma ba a raba nauyi. Bambancin shi ne ko ba a kai ka ƙasa ba, in an tura ka waje ka faɗi. Wannan dogon shiri nasu a da ba shi da iyaka. Da rediyo ya fara watsa gasar a 1928 ne aka ƙayyade masa lokaci don kada ya ci na labarai. Kuma wasan da Japanawa ke ɗauka nasu ne su kaɗai, ɗan Mongoliya ne ya fi kowa cin kofinsa, Hakuho, sau 45 kafin ya yi ritaya a 2021. Ɗan Afirka na farko da ya kai babban rukuni Bamisire ne, Osuna'arashi, a 2013.

A Najeriya kokawa na cikin wasannin bikin kamun kifi na Argungu, tana kuma cikin gasar wasanni ta ƙasa, amma kullum a matsayin ƙarin armashi. Dambe ya fi ta sa'a, domin ya sami gidajen da ake biya a shiga a Kano da sauran birane, ya sami makaɗi Ɗan Anace ya ɗaukaka ɗan dambe Shago, yanzu kuma ya sami masu ɗaukar bidiyo. Kokawa ta tsaya a ƙauye, ƙauyen kuwa shi ne ya fi shan wuya. Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa na cikin ƙananan hukumomin da 'yan bindiga suka fi addaba, kuma a Ƙanƙarar ne aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar sakandaren kimiyya a Disambar 2020. Inda mutum ke biyan kuɗi kafin a bar shi ya girbe gonarsa, ba ya aika goron gayyata, kuma ba mai hankalin da zai buga ganga da dare ya sanar da daji cewa samarin gari na wuri guda.

Ko hanyar zuwa kallon ta maƙwabta ba kullum take buɗe ba. Najeriya ta rufe iyakokinta na ƙasa daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020, ta sake rufe ta Nijar a Agustan 2023 bayan juyin mulkin Yamai, ba a buɗe ba sai Maris na 2024. A tsakanin nan ne, a ƙarshen 2023, Isaka Isaka ya ɗauki takobinsa na 6 a Agadas, masu son kokawa na ɓangaren Katsina suka kalla a wayoyinsu.