Ajiya Amana Ce

Ya kai manomin Madawa, Buza ko Keita, kakanninmu ba su san banki ba. Mai tafiya fatauci yakan bar dukiyarsa hannun dattijo, gaban shaidu. Daga baya bankuna suka karɓi aikin. Amma a 1990 bankin BDRN ya rushe, kuɗin jama'a suka maƙale.

Wajen 1999 aka kawo warantaji Nijar. Da kaka ƙungiya takan zuba hatsi a mangaza, ta karɓi bashi. Kwaɗo biyu ake sawa: mabuɗi ɗaya wurin ƙungiya, ɗaya wurin mai ba da bashi. In an biya, kowa ya kwashi hatsinsa lokacin tsada.

Yanzu ka iya karatu. Kada ka ba da ajiya sai da takarda, kuma ka karanta ta da kanka.