Ayu da 'Yan Ruwa a Kogin Binuwai

'Yan ruwa su ne iskokin da masunta ke cewa suna zaune a gurbi mai zurfi, suna janye mai wanka ko su kifar da kwalekwale. Dodon tatsuniya da Sarkin Rafi na bori sanannu ne, ba sai an tsaya kansu ba. A Binuwai ta sama kuwa, tsakanin Garwa da Yola, da yawa daga labaran nan suna komawa ga dabba mai jini da tsoka, wato ayu.

Ayu ciyawa yake ci, tsawonsa kan haura mita 3, yana leƙowa ya sha iska ya nutse. Macen tana da nono a hammata, tana shayar da ɗanta. Masuncin da ya hango ta da almuru bai yi laifi ba in ya rantse mace ya gani.

Rubutaccen tarihinsa a wannan kogi ya soma da matafiyan Jamus. Heinrich Barth ya iso mahaɗar Binuwai da Faro ranar 18 ga Yuni, 1851, kuma ya ambaci dabbar da sunanta na Hausa a littafin tafiyarsa. Eduard Vogel, wanda ya zo Binuwai a 1855, shi ya aika cikakkiyar siffarta Turai. A 1856 Richard Owen na Ingila ya raɗa mata suna da sunan Vogel, a zaton sabuwar halitta ce, a shekarar da aka kashe Vogel a Wadai. Sunan bai ɗore ba, domin ayun Senegal ne dai, wanda aka yi wa suna tun 1795.

Mami Wata kuwa, wadda ita ma 'yar ruwa ce, baƙuwa ce daga bakin teku. Hotonta da maciji a wuya a Hamburg aka fara buga shi, a shekarun 1880, kuma akwai masu haɗa ta da ayu.

An gama madatsar Lagdo a kan Binuwai, kusa da Ngong, a 1982. Tafkinta ya jawo masunta daga Logone da Nijeriya da Mali, kowa da abin da ya gada game da ruwa. Ayu kuma ya ragu, ko da yake yana nan a tafkunan Lere da Trene na Cadi, kan Mayo Kebbi. Dokar Kamaru ta haramta farautarsa, amma masu kayan mata ba su daina tallan man ayu ba.