Kafin Zamanin Gangamin Tiyata

Tun da na ajiye aikin jinya na koma Toranke, a rediyo nake jin labarin aikin yoyon fitsari. Ƙungiya kaza ta zo, ta yi gangamin mako guda, an yi wa mata kaza tiyata kyauta, an ɗauki hoto, an watse. Ban taɓa jin an faɗi mata nawa ne suka bushe bayan wata shida ba, alhali mu a kan wannan tambayar aka tarbiyyantar da mu.

Dakta Kees Waaldijk, mutumin Holan, ba yoyon fitsari ne ya kawo shi ƙasar nan ba. Aikin kuturta ya zo yi a Babbar Ruga ta Katsina a 1983, sai ya tarar da matan da doguwar naƙuda ta huda wa mafitsara, ba mai kula su. A 1984 ya fara ɗinke su. Daga baya aikin ya iso cibiyar Laure da ke Asibitin Murtala a Kano, inda matanmu na Gaya da Ajingi ke biyo hanyar Wudil su zo, kowacce da ƙunshin tsummanta, uwarta ce ke rako ta, ba kasafai ake ganin miji ba.

Yaran yanzu sun san sunansa a littafi, sun haddace yadda ya kasa ciwon gida uku. Abin da ba su gada ba shi ne rubutu. Kowace mace sai an rubuta girman hujin, da nisansa daga bakin mafitsara, da kwanan da ta yi tana naƙuda, da yadda aka ɗinke, da abin da aka gani ranar da ta dawo. Daga irin wannan rubutu ya fitar da kundin digirinsa na 1989 a kan mata 775. A Zariya ma haka Farfesa Kelsey Harrison ya yi, ya bi diddigin haihuwa 22,774 ya wallafa a 1985, ya nuna yadda ƙarancin shekaru da rashin awo da rashin karatu ke haɗuwa su kashe mace. Mutanen wancan zamani masu alƙalami ne kafin su zama masu wuƙa.

Sai kuma robar fitsari. Da, ƙa'idar ita ce mace ta koma gida ta yi wata uku tana zuba, wai sai naman ya huce. A wata ukun nan ake sakinta, a ware mata kwano da tabarma. Dakta Kees ya ce a'a: in ciwon sabo ne a sa roba nan take, a bar ta makonni, mace ta yi ta ɗirkar ruwa. A mata 1,716 da ya ba da rahotonsu a 2004, wajen kashi 15 cikin ɗari da robar kaɗai suka warke. Wannan aikin nas ne, kuma mun yi alfahari da shi. Mu ke bin gado-gado da buta muna cewa, "Yarinya, ƙara sha."

Tiyatar ma ba ta da wani ƙyale-ƙyale: allurar ƙashin baya, a bi ta gaba, fitila mai kyau, zare. Wadda wanzami ya yi wa yankan gishiri kuwa, da ka duba ka gane, don hujin miƙaƙƙe ne. A kan teburin tiyatar Dakta Kees likitoci daga jihohi da ƙasashe suka koya, suna tsaye a bayansa makonni kafin a miƙa musu allura.

Yau a ƙananan asibitocinmu mace za ta kwana biyu tana naƙuda, a ciro ɗan ba rai, a sallame ta ba roba. Sai ta fara zuba a ce ta jira gangami.