Tarihin Birnin Rum Daga Bakin Juji Da Tukunya

Tun cikin ƙarni na 18 'ya'yan masu hali na Ingila da Faransa da Jamus suka mai da ziyarar birnin Rum, hedkwatar Italiya, wani sashe na neman ilmi. Idan suka isa, sai su ɗauki ɗan jagora ya zaga da su. Italiyawa suna kiran irin wannan mutum cicerone, watau sun ara masa sunan Cicero, shahararren mai fasahar magana na zamanin Rumawan dā, saboda yawan bayaninsa. Abin da waɗannan 'yan jagora suka saba nunawa shi ne kufan fadojin sarakuna, da babban dandalin wasa na Kolosiyam, da manyan majami'u. Har yanzu can ne akasarin baƙi ke tururuwa. Amma a 'yan shekarun nan an sami wani sabon salo, inda ɗan jagora kan ɗebi mutane kaɗan, su taka da ƙafa su shiga unguwannin da a dā ba a kai baƙo, suna tafe suna ɗanɗana abincin mazauna wurin. Wanda ya bi irin wannan zagaye yakan ji tarihin masu ɗaukar kaya da mahauta da sauran talakawan da suka ciyar da birnin, waɗanda ba a sassaƙa sunayensu a jikin dutse ba.

Ɗaya daga cikin unguwannin da ake kai baƙi domin wannan ita ce Testaccio, wadda ke kudu da tsakiyar birnin, a bakin kogin Taiba. A tsakiyarta akwai wani tudu mai tsawon kimanin mita 35, wanda kewayensa ya kusa kilomita ɗaya. Ciyawa da itatuwa sun rufe shi, har mai wucewa ya zaci halitta ce. Alhali kuwa juji ne, tun daga gindinsa har ƙoli tsingaron tuluna ne. Daga kalmar Latin testa, mai nufin tsingaro, tudun da unguwar suka sami suna.

Dalilin taruwar wannan juji shi ne cinikin man zaitun. A shekara ta 193 kafin haihuwar Annabi Isa, Rumawa suka gina matsayar jiragen ruwa a wannan gaɓa ta kogin, daga baya manyan rumbuna suka kewaye ta. Sa'ad da daular ta bunƙasa, mutanen birnin suka kai wajen miliyan ɗaya, kowa kuwa yana bukatar mai don girki da fitila da shafawa a gidan wanka. Yawancin man daga kudancin Sifen ake kawo shi, yankin da daga baya Larabawa suka kira Andalus, saura kuma daga ƙasashen da yanzu ake kira Libiya da Tunisiya. Tulun Sifen guda, ba kome a cikinsa, nauyinsa ya kai kilo 30, yana kuma cin kimanin kilo 70 na mai. Da yake mai yakan shiga jikin yumɓu ya yi wari, ba a sake amfani da tulun. Sai a juye man, a fasa tulun, a jera tsingaron bisa tsari hawa-hawa, a barbaɗa farar ƙasa don kashe warin. Masana sun ƙiyasta cewa tulunan da ke cikin tudun sun kai miliyan 53, yawancin waɗanda aka bincika kuwa an zubar da su ne tsakanin shekara ta 140 da ta 250 bayan haihuwar Annabi Isa.

Wani masani Bajamushe, Heinrich Dressel, shi ne ya fara nazarin tudun sosai a 1872. Ya tarar an buga hatimin masu ginin tukwane a hannuwan tulunan, a jikinsu kuma an rubuta da tawada nauyin tulu, da nauyin mai, da sunan fatake, da alamar ma'aikacin hukuma da ya duba awon. Ashe juji ya zama kundin lissafin kasuwanci. A 1989 masana daga Sifen suka soma haƙa a wurin. Abin da tudun ke nunawa shi ne yadda hukuma ta ɗauki ciyar da babban birni a kan al'amarin mulki. Sarki Septimius Severus, haifaffen Leptis Magna a Libiya, wanda ya yi mulki daga 193 zuwa 211, har rabon mai kyauta ya kafa wa talakawan Rum, domin sarakunan sun san cewa birni mai yunwa ba ya zama lafiya.

Bayan faɗuwar daular wurin ya koma fili da gonakin inabi. Daga baya mutane suka lura iska mai sanyi tana ratsa tsingaron, sai suka haƙa ɗakunan ajiya a gindin tudun. Wasu daga cikin ɗakunan nan su ne gidajen abinci a yau, inda mai cin abinci kan ga tsingaron jere a bango.

Babi na biyu na tarihin unguwar ya soma ne bayan Rum ta zama hedkwatar haɗaɗɗiyar Italiya a 1871. Hukuma ta keɓe Testaccio don masana'antu da gidajen ma'aikata. Tsakanin 1888 da 1891 aka gina babbar mayanka a gindin tudun bisa tsarin injiniya Gioacchino Ersoch. Mahautan Rum suna raba dabba kashi huɗu. Ana cewa kashi na farko na manyan gari ne, na biyu na malaman coci, na uku na attajirai, na huɗu na soja. Abin da ya saura, watau kai da ƙafafu da wutsiya da tumbi da hanji da huhu da zuciya, shi suka laƙaba wa suna quinto quarto, ma'ana kashi na biyar cikin huɗu. Da shi akan cika wa masu fiɗa da leburorin mayanka ladansu. Da babu gara ba daɗi: sai su kai gida, ko su miƙa wa masu ɗakunan abinci na kusa a dafa musu.

Daga nan aka sami girke-girken da birnin ke alfahari da su yanzu. Akwai wutsiyar sa da ake dafawa sa'o'i da yawa cikin tumatir da ganyen seleri har nama ya saki ƙashi. Akwai tumbi da ake dafawa da tumatir da na'ana'a, a barbaɗa cukun tumaki, wanda bisa al'ada ranar Asabar ake cinsa. Akwai kuma pajata, watau hanjin ɗan maraƙin da bai fara cin ciyawa ba. An hana sayar da wannan hanji a 2001 saboda cutar haukan shanu, ba a ɗage hanin ba sai a 2015. Musulmin da ya je ziyara ya kamata ya yi tambaya kafin ya ci, domin akan sa giya ko kitsen alade a wasu daga cikin girkin. An rufe mayankar a 1975. Gine-ginenta sun koma ɗakunan nunin zane da ajujuwan jami'a, amma ƙugiyoyin rataye nama suna nan a wasu sassan.

Daga Testaccio, tafiyar kimanin rabin sa'a a ƙafa ta gefen kogi zuwa arewa, sai tsohuwar unguwar Yahudawa, wadda 'yan jagora da dama kan haɗa da ita. Yahudawa suna zaune a Rum tun ƙarni na 2 kafin haihuwar Annabi Isa. A 1555 Paparoma Paul na Huɗu ya ba da umarni a tattara su cikin wani ƙaramin yanki mai ganuwa a bakin kogi, inda ambaliya ke yawan ci. Ana kulle ƙofofin da dare, an hana su mallakar gida, an kuma taƙaita musu sana'a, galibi sai cinikin tsummoki da tsofaffin kaya. Haka suka zauna fiye da shekara 300, sai da mulkin Paparoma a kan birnin ya ƙare a 1870.

A nan ma talauci ne ya koyar da girki. Kasuwar kifi ta birnin tana bakin unguwar, a kufan wani gini da ake kira Portico d'Ottavia, matan unguwar kuwa sukan tattara ragowar kifi su yi romo. Sun kuma shahara da soya wani kayan lambu mai kama da furen ƙaya cikin man zaitun har ya buɗe ya yi ƙaras-ƙaras. Italiyawa suna kiransa carciofo, sunan da ya samo asali daga kalmar Larabci kharshuf. A waɗannan lunguna ne kuma, ranar 16 ga Oktoba 1943, sojojin Jamus na Hitila suka kama Yahudawa. Fiye da 1,000 aka tura sansanin Auschwitz, mutum 16 kaɗai suka komo. A ƙofar gidaje da dama an dasa ƙananan faranta na tagulla a ƙasa, ɗauke da sunayen waɗanda aka tafi da su. Ɗan jagora na ƙwarai ba ya wuce su don gaggawar kai baƙi wurin suya.

Wannan sabon yawo yana da amfani a fili. Kuɗin baƙi yana shiga hannun masu ƙananan rumfuna, girkin da matasa suka fara ƙyama ya sake samun daraja. A 2008 wani mai gidan abinci a Testaccio ya ƙirƙiro trapizzino, watau burodi mai kusurwa uku da ake cusa wa tumbi ko wutsiya a ci a tsaye, yanzu kuwa ya bazu har wajen Italiya. A 2012 aka mai da kasuwar unguwar sabon gini kusa da tudun, inda aka bar wasu kufan Rumawa a buɗe don masu cefane su gani.

Amma in dambu ya yi yawa ba ya jin mai. Unguwar da ta yi suna, hayar gidajenta takan hau. Masu gidaje sukan gwammace ba baƙi haya ta kwana biyu ko uku a kan ba iyali ta shekara, kamar yadda ya faru a Trastevere, ƙetaren kogin. Abincin da a dā ake ba lebura a madadin kuɗi, yanzu lebura yakan yi tunani kafin ya saya. Idan jikokin mahautan suka tashi, rumfar da ke sayar wa maƙwabta nama da ganye takan koma sayar wa masu wucewa abin ɗanɗano, ɗan jagora kuma ya shiga ba da labarin mutanen da ba su nan.

Tudun Testaccio ya yi shekara kusan 1,800 a tsaye ba tare da wani ya yi masa hidima ba, domin tsingaro ba ya ruɓa. Girki kuwa sai da mai dafawa da mai ci kullum. Saboda haka hukumar birnin da masu shirya yawon suke fuskantar tambaya guda, watau yadda za a nuna wa duniya waɗannan unguwanni ba tare da an kori mazaunansu ba. Amsar da suka bayar ita za ta nuna ko baƙon da zai zo nan da shekara hamsin zai tarar da unguwa mai rai, ko kuwa wani kufai ne kawai za a ƙara a kan waɗanda Rum take da su.