Wa Ke Ba da Shaida? Hali da Suna a Ƙasar Danja

A laccarsa kan mutumin kirki, wadda aka buga a 1974, Anthony Kirk-Greene ya jero siffofin da Bahaushe ke auna mutum da su, ciki har da gaskiya, amana, kunya da mutunci. Abin lura shi ne mutunci ya fita daban, domin jama'a ke ba da shi, su ke kuma zubar da shi. Daga nan saɓanin hali da suna ke tasowa, kuma a ganina tushensa yana ga mai ba da shaida: me zai rasa idan shaidarsa ta zama ƙarya?

Kasuwar tumatir ta Danja a lokacin rani ta isa hujja. Falke mai loda kwanduna zuwa Legas ba ya iya zazzage kowane kwando ya ga ko na ƙasa ya yi daidai da na sama, don haka yakan dogara ga dillali. Dillalin da ya tsaya wa manomi mai algus cinikinsa na baɗi ya jefa cikin haɗari, shi ya sa yabonsa ke da nauyi. Haka abin yake ga mai ba da bashin taki da damina a Bakori ko Ƙafur, ya jira kaka. Maroƙi kuwa, kamar yadda M. G. Smith ya nuna tun 1957, yana wasa mai kyauta, yana yi wa mai rowa zambo, kuma ba ya asarar komai idan ubangidan ya ci amanar wani gobe. Sunan da aka samu ta wannan hanya yana nuna yawan kyauta ne kawai.

Za a ce ai hali zanen dutse ne, komai daɗewa zai bayyana. Gaskiya ne, amma yakan bayyana bayan an ɗaura aure, ko an danƙa wa mutum dukiyar marayu, lokacin da ɓarna ta riga ta auku. Wasu kuma za su ce mumini ba ruwansa da suna, tunda riya tana rushe aiki. Wannan ya dace da mai aikin, bai isar wa al'umma ba, domin uban da ke binciken mai neman 'yarsa ba ya ganin zuciya, dole ya tambayi mutane. Abin da ya rage masa shi ne zaɓen wanda zai tambaya, kuma abokin ciniki da maƙwabcin gona sun fi masu cin tuwon gidan sanin mutum, ko da yake ba su cika magana a bainar jama'a ba.