Man shafawa na ƙananan raunuka

Man shafawa na ƙananan raunuka magani ne mai kashe ƙwayoyin cuta da ake shafa wa yanka, ƙujewa ko ƙaramar ƙuna bayan an wanke wurin da ruwa mai tsabta. Iri biyu ne. Mai maiƙo yana daɗewa a fata, yana hana rauni bushewa da manne wa bandeji, shi ya sa ya dace da busasshiyar fata da kaushi. Kirim kuwa ya fi ruwa, fata tana shanye shi da wuri, kuma an fi zaɓarsa ga rauni mai tsattsafo da wurin gashi. Cikin sinadaransu akwai neomycin, wanda aka gano a 1949, wanda kan jawo wa wasu ƙaiƙayi da ƙuraje. Rauni mai tsabta sau da yawa Vaseline ya ishe shi.

Amma ba kowane rauni ne man shafawa ke magancewa ba. A ƙauyukan jihar Sinnar da yankin Jazira a Sudan, sukar ƙaya a gona kan shigar da ƙwayar cutar maisetoma, mai kumbura ƙafa sannu a hankali, wadda man shafawa ba ya warkarwa. A watan Mayu na 2016 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa ta cikin cututtukan da aka yi sakaci da su.